Latas ɗin Ubale da Agwagin Iya Kande

Akwai wani mai lambu a bakin rafin garinmu, sunansa Ubale. Ba mugun mutum ba ne, Allah ya sani. In yaronka ya faɗi a hanya, shi zai fara ɗaga shi ya karkaɗe masa riga. Amma kafiya! In Ubale ya ce wannan akuyar tunkiya ce, to ko ta yi kuka a gabansa sai ya ce mura take yi. Sana'arsa latas. Duk shekara yakan auna shukarsa ta yadda za ta isa tsinka daidai da azumi, lokacin da kowane gida ke neman ganyen kwaɗon buɗa baki, dillalai su biyo shi har bakin fangalin shukarsa suna lallashi. Abin da ya samu a watan nan shi ne cin gidansa har faɗuwar damina, shi ne kuma kayan sallar yaransa.

Maƙwabciyarsa a lambu wata tsohuwa ce, Iya Kande. Mijinta ya rasu ya bar mata 'yan fangaloli da garken agwagi. Ita ta riƙa goyon Ubale yana jariri in uwarsa ta tafi ɗiban ruwa, don haka har gemunsa ya fara furfura ba ta taɓa ce masa Malam ba. Tsakanin lambunta da nasa babu komai sai 'yar kwatar ruwa. Agwagi kuwa ba su san iyaka ba. Da sassafe sai su jero, toron a gaba, wani jibgegen baƙi mai jar fuska, su tsallaka kwata, su bi tsakanin fangalolin Ubale suna caccakar ƙasa, suna cusa kai ƙarƙashin ganye. Shekara da shekaru haka ake yi, ba wanda ya taɓa tambayar me suke tsinta a wurin. Gaskiya dai, wani lokacin sukan ɗan yagi gefen ganye su wuce.

Ran nan Ubale ya tarar da toron ya yagi wani latas da yake ji da shi. Bai yi wata-wata ba, ya tsinke ganyen, ya riƙe shi a sama kamar tuta, ya nufi ƙofar Mai Unguwa.

"Ranka ya daɗe, a raba ni da ƙazaman tsuntsayen nan. Abin da ba ya da aiki sai wasa da kwata, shi zai riƙa sa baki a abincin masu azumi? Ni wallahi ko kyauta aka ba ni naman agwagwa ba zan kai bakina ba."

Aka kira Iya Kande. Ta dubi ganyen, ta dubi Ubale.

"Wannan ɗan yagin ne ya kawo mu gaban mutane, Ubale? Kai da ka yayyage mini zane da haƙoranka kana baya, wa na kai ƙara?"

Aka yi dariya, amma hukunci hukunci ne. Mai Unguwa ya ce ta killace agwaginta. In kuma wani daga cikinsu ya sake shiga, Ubale ya kamo shi da rai ya kawo nan, kada ya yi masa lahani. Ubale ya dawo yana tafiya kamar wanda ya ci yaƙi, ya zagaye lambunsa da darnin kara, ya tottoshe ko'ina.

Ko'ina, ban da wata 'yar kafa ta wajen kwata. Toron nan kuwa ya saba, ba ya jin hukunci. Wata safiya ya kutsa ta kafar ya shiga. Abin da ya gudana tsakaninsa da Ubale babu wanda ya gani. Abin da aka sani kawai, ranar da azahar ƙamshin suya ya tashi daga gidan Ubale har ya hana maƙwabta barcin rana, kuma iska ta yi ta wasa da baƙin gashi a jujin bayan gidan. Da la'asar Iya Kande ta tsaya a bakin darni.

"Ubale, ko ka ga toron nan nawa?"

"Wane toro, Iya? Ni da na yi darni?"

Ta daɗe tana kallon leɓɓansa da ke ta sheƙin maiƙo, sannan ta ce, "To. Allah ya bayyana shi." Ba ta sake ta da maganar ba. Ubale ya ɗauka ta manta. Allah sarki, bai san tsofaffi ba.

Ba a jima ba sai ga ɓarna a lambu. Ubale ya zo da safe ya tarar da renon latas ɗinsa, wato shukar da ke jiran dashe, kamar an bi shi da almakashi. Ƙananan an shafe su ƙaf, sai ɗan tsinken kara a tsaye. Manyan kuma duk huji, har kana hango ƙasa ta cikin ganye. Ya duba babu tsutsa, babu fara, babu sawun akuya. Sai dai wani siririn zane mai ƙyalli a kan ƙasa da kan ganye, kamar an ja majina ta bushe. Da ya ɗaga wani ganye, sai ga mai aikin a kwance: wani ɗan abu mai laushi, tsawon yatsa, jikinsa duk yauƙi, da 'yan ƙahonni a kai yana miƙa su yana janyewa. Dodon koɗi ne sak, sai dai ba ya ɗauke da ƙoƙo a baya. Shi ya sa masu lambun wajen suka laƙaba wa irinsa suna 'yan tsirara.

Ubale ya taka shi, ya yi tsaki, ya je ya ari tankin feshi. Ya yi wa lambun wanka da maganin ƙwari har idonsa ya yi ja. Washegari ya tarar sun ci gaba da ɓarnarsu, sun bar masa zane a jikin tankin ma.

Sai ga malamin gona ya biyo ta kan babur, yana zagayen lambuna. Mutum ne mai haƙuri, ya durƙusa ya duba, ya yi masa bayani dalla-dalla.

"Malam Ubale, wannan ba ƙwaro ba ne, shi ya sa maganinka bai dame shi ba. Jikinsa kusan duk ruwa ne, rana ce abokiyar gabarsa. Da rana yana ɓoye a inda ke da laima da duhu, sai gari ya yi sanyi ya fito kiwo. Yaushe kake ban ruwa?"

"Da yamma, in na taso daga majalisa."

"To ka ga, kana shimfiɗa musu hanya ke nan. Ka koma ban ruwan safe. Waɗannan jiƙaƙƙun buhunan da ka rufe gefen reno da su, ka kwashe, ko kuma ka riƙa ɗaga su kullum kana tsince abin da ya taru. Ka zagaye reno da busasshiyar toka. Kuma ka yi da gaske, don suna da yawan haihuwa. Kowane ɗaya da ka gani, namiji ne kuma mace ne. In biyu suka haɗu, duka biyun ne za su saka ƙwai."

Ubale ya ja da baya. "A'uzubillahi! Namiji kuma mace?"

"Haka Allah ya halicce su. Da ma kana da agwagi, da sun rage maka aiki, don babu abin da suke so kamar..."

"Malam, sauka lafiya," in ji Ubale.

Cikin duk bayanin nan, abu biyu kawai ya shiga kunnensa. Na farko, jikinsu ruwa ne. Na biyu, namiji ne kuma mace. Na biyun ya ajiye shi a zuciya yana juya shi. Na farkon kuwa ya kai shi majalisa, wani ya ce ai in ka barbaɗa musu gishiri narkewa suke yi. Ubale ya gwada a kan guda. Abin ya murɗe, ya yi kumfa, ya tsiyaye. Daɗi ya kama Ubale har ya yi tafi shi kaɗai. Ya garzaya gida, ya tarar da matarsa Lantana tana tsakar gida tana tankaɗe, ya wuce ta ya sunkuci kwanon gishirinta gaba ɗaya.

"Malam, ina za ka kai mini gishiri? Miya na kan wuta."

"Yaƙi ake yi, kina zancen miya."

Bai tsaya nan ba, ya ƙaro daga kanti. Ya bi fangalin reno ya barbaɗe shi fari fat, kamar mai yi wa ƙasa kwalliya, sannan ya kawo ruwa ya kwarara don ya ratsa. 'Yan tsiraran da gishiri ya samu sun mutu, wannan gaskiya ne. Latas ɗin ma ya bi su. Kafin kwana biyu ganye ya yanƙwane ya ƙone, ƙasar ta yi wani farin ɓawo, ko ciyawa ta ƙi fitowa. Sauran 'yan tsiraran kuwa suka matsa fangali na gaba, suka ci gaba da harkarsu.

Lantana ta ajiye masa tuwo da miya lami a gabansa. Ya kai loma ɗaya ya ɗago kai.

"Wannan miyar fa?"

"Gishirinta na lambu, Malam. Ka ɗauki tuwon ka je can ka haɗa."

Yanzu abin ya wuce wasa. Watan azumin tsofaffi ya kama, iri ya kusa ƙarewa, abin da ya rage a gwangwani bai fi na reno ɗaya ba. Ya shuka shi a fangalin ƙarshe, ya fito kore shar, 'yan kunnuwa biyu-biyu kamar na jarirai. In wannan ya tafi, azumin bana ya wuce Ubale, kayan salla kuma sai dai yara su ga na maƙwabta. Ya rame, ya daina zama majalisa sosai, amma bai daina ban ruwan yamma ba, bai kuma ɗaga buhu ko ɗaya ba. A ganinsa yin haka kamar ya yarda malamin gona ya fi shi sanin lambunsa ne.

Wata safiya yana tsaye yana ƙunar rai, sai ya leƙa ta saman darni. Lambun Iya Kande lafiya lau. Kabejinta ya naɗe kamar kan jarirai, alayyahonta ko huji ɗaya babu, agwagi na ta yawo a tsakani suna caccakar ƙasa. Ya sunkuyar da kai, sai idonsa ya faɗa kan wani zanen yauƙi da ya taso daga renonsa, ya bi ta kafar nan ta wajen kwata, ya miƙe wajen lambun tsohuwa. Nan take lissafi ya haɗu a kansa. Abu ba namiji ba, ba mace ba. Magani ba ya kama shi. Ba ya fitowa sai ido ya kau. Ya bar lambun kowa sai nasa. Ga kuma sawunsa har ƙofar mai shi. Ya tuna da toro, amma ya yi maza ya ture wannan tunanin gefe.

"Aike ne," ya ce a ransa. "Wallahi turo su aka yi."

Sai ƙofar Mai Unguwa. Wannan karon ba ganye ya riƙo ba, ɗan tsirara ya ɗauko a kan fasasshen kasko, ya ajiye a tsakiyar fada. Dattawa suka matso suna leƙe. Aka aika aka kira Iya Kande, ta zo tana dogara sanda, ta gaida mutane, ta zauna a gefen tabarma.

"Ranka ya daɗe," in ji Ubale, "tun da aka yi hukuncin agwagi tsohuwar nan ta ƙullace ni. Ga abin da take turo mini. Na bi sawu da idona, daga renona har lambunta."

Mai Unguwa ya gyara zama. "Iya, kin ji abin da ɗanki ya ce. Ke kika turo su?"

Iya Kande ta zuba wa abin ido. Tun da aka ajiye shi yake ta ƙoƙarin sauka daga kan fasasshen kaskon, har aka gama gaishe-gaishe, har aka gama karanta ƙara, bai kai rabi ba.

"Ranka ya daɗe, dube shi fa. In har ina da ikon in aiki wani abu ya je ya cuci Ubale, duk halittun Allah in rasa ɗan aike sai wannan? Wanda in na aike shi yau sai jibi ya isa, kuma ya zana hanya har ƙofata don kada a sha wahalar nemana?"

Fada ta kwashe da dariya. Wani dattijo har da share hawaye da bakin rawani. Ubale ya ce shi ba dariya ta kawo shi ba, a je a gani da ido. Mai Unguwa ya ce wannan gaskiya ne, a tashi.

Aka ɗunguma zuwa lambu. Ubale na gaba yana nuna zane da sanda, yana cewa a bi a hankali kada a taka shaida. Aka bi zanen ta kafar darni, aka tsallaka kwata. Taku kaɗan cikin lambun Iya Kande sai zanen ya yanke. A daidai inda ya yanke kuwa, sawun ƙafar agwagwa ne a cikin laka, shimfiɗaɗɗe.

"To, ga inda ya tsaya," in ji Mai Unguwa. "Da alama nan tafiyarsa ta ƙare, ba nan ta fara ba. Mu juya mu ga inda ya fito."

Aka juyo, aka bi zanen baya-baya, ya ratsa ta gefen reno, ya shige ƙarƙashin jiƙaƙƙun buhunan Ubale. Mai Unguwa ya sa bakin sandarsa ya ɗaga buhu ɗaya.

Jama'a suka ja da baya da salati. Ga su nan jibge, manya da ƙanana, sun kwanta a kan juna cikin sanyi kamar baƙin da aka sauka a ɗakin alfarma. A gefe kuma ga ƙwai tsibi-tsibi, farare masu sheƙi kamar ƙananan duwatsun wuya. Aka ɗaga buhu na biyu, haka. Na uku ya fi.

"Wa ya shimfiɗa buhunan nan?" in ji Mai Unguwa.

Ubale ya ce, "Don sanyi ne, ranka ya daɗe."

"Lalle sun ji sanyin. Wa yake jiƙa su kullum da yamma?"

Ubale ya dubi sama.

"Ubale, ai ba turo maka su aka yi ba, kiwonsu kake yi. Ka ba su ɗaki, ka ba su ruwa, ka shuka musu abinci, ka kuma yi musu darni don kada a dame su."

Ana cikin haka sai wata agwagwa ta hango buhu a ɗage ta kafar darni, wadda Ubale ya rage wa faɗi bayan shigar toro. Ta zuro wuya iyakar ƙarfinta, ta cafke wani ɗan tsirara da ya kusa, ta haɗiye, ta girgiza jela, ta sake zuro wuya. Sauran suka taru a bayanta suna ture-ture. Kowa ya gani. Ubale ma ya gani, kuma a lokacin ne ya gane abin da agwagin nan suka yi shekara da shekaru suna tsinta a lambunsa.

Ya dubi renonsa na ƙarshe, 'yan kunnuwan nan kore. Ya dubi tarin da ke ƙarƙashin buhu, ya san ko ya wuni yana tsinta ba zai gama da waɗanda suka shige cikin ƙasa ba. Kwana kaɗan ya rage su gama da shi. Mai Unguwa ya matso kusa da shi ya rage murya, amma ba sosai ba.

"Ka rufe renon da ƙaya don kada su yage shi, ka buɗe darni, agwagi su share maka sauran wurin. Sai dai ni na hana su shiga da bakina, a kan ƙararka. Yanzu ba ni da ikon in ce su shiga. Ga mai su nan, ka roƙe ta."

Roƙo! A gaban dattawa! Ubale ya ji kamar an ce ya haɗiyi ɗan tsiraran da kansa. Ya yi gyaran murya, ya gyara hula, ya sake gyaran murya. Ya yi ta neman hanyar da zai roƙa ba tare da ya roƙa ba, har ya samo. Ya juya wajen tsohuwa, ya saki fuska kamar mai rabon zakka.

"To, Iya, abin da ya wuce ya wuce. Ni na yafe wa agwaginki. Gobe da safe ki sako su su shigo. Ga abinci nan jibge, su ci iya cinsu, kyauta, ba zan ce ki ba ni komai ba. Ai maƙwabtaka ta fi haka."

Iya Kande ta dogara sandarta, ta leƙa ta saman darni ta dubi agwaginta, kamar mai jin shawararsu. Sannan ta juyo ta dubi Ubale, daidai leɓɓansa.

"Allah ya yi maka albarka, ɗan nan, sun gode. Sai dai sun ce a ɗan dakata musu tukuna. Wanda ya riga su shiga cin kyautar, har yau bai dawo ya ba su labari ba."